Littattafan bam ɗin nukiliya da rumbun manomin Sae Sabuwa

Sae Sabuwa ƙaramar hukuma ce ta karkara a gundumar Gidan Rumji, cikin jahar Maradi, ba nisa da Tsibirin Gobir. Lissafin da ake yi a nan, kamar yadda ake yi a Agye da Gazawa, shi ne damin hatsi nawa aka ɗaure bana, wake ya yi ko bai yi ba, nawa tiya ta kai a kasuwa, shin abin da ke rumbu zai kai iyali ga wata kaka. Duk wanda ya shigo majalisar dattawa da zancen littattafan da Turawa suka rubuta kan yaƙin nukiliya, abin da zai fara ji shi ne: me ya haɗa kifi da kaska?

Akwai haɗi, kuma ba ƙarami ba. Fiye da shekara hamsin ke nan ana tono yuraniyom daga ƙasar Nijar. An taɓa yin amfani da sunan Nijar aka kafa hujjar yaƙin da ya ɗaiɗaita Iraƙi. Masana yanayi kuma suna cewa in wutar yaƙin nukiliya ta tashi, ko da a wata nahiya ce, damina na cikin abubuwan da za su fara lalacewa. Mutumin da ƙasarsa, da sunansa, da abincinsa duk suke cikin magana, bai kamata a ce shi ne na ƙarshen sanin abin da aka rubuta ba.

Masu lissafin tsoro

An jefa bam a Hiroshima ranar 6 ga Agusta 1945, a Nagasaki kuma ranar 9. Shekara ba ta zagayo ba wani malami a jami'ar Yale ta Amurka, Bernard Brodie, ya haɗa kai da abokansa suka fitar da The Absolute Weapon a 1946. Abin da Brodie ya hango shi ne tushen duk abin da ya biyo baya: makamin da zai iya share birni cikin ƙiftawar ido ba na cin yaƙi ba ne, amfaninsa kawai ya sa abokin gaba ya ji tsoron farawa. Wannan ita ce dabarar razanarwa. Da Tarayyar Sobiyet ta gwada nata bam a 1949, sai abin ya koma kar ta san kar.

Daga nan rubuce-rubuce suka ɓarke. Henry Kissinger ya fito da nasa a 1957, yana ganin ana iya yin ɗan ƙwarya-ƙwaryan yaƙin nukiliya a tsaya. Herman Kahn, ma'aikacin cibiyar RAND, ya wallafa On Thermonuclear War a 1960, ƙaton littafi mai tada tsigar jiki. A ciki ya jera jadawali: in Amurkawa miliyan 2 suka mutu, tattalin arziki zai farfaɗo cikin shekara guda, in miliyan 160 ne, sai an shekara ɗari. Mutum ya zauna cikin ofis mai sanyi yana auna gawarwaki da mudu. Masu kare shi suna cewa dole wani ya yi wannan tunani tunda makaman suna nan. Suna da gaskiyarsu, amma mai karatu ya lura da abu guda: jadawalin na Amurkawa ne kaɗai.

Wanda ya fi su zurfi, a ganina, shi ne Thomas Schelling, masanin tattalin arziki da ya sami kyautar Nobel a 2005. A The Strategy of Conflict na 1960 da Arms and Influence na 1966, ya nuna cewa matsalar ba ta mallakar makami ba ce, ta gaskata barazana ce. Ɗauki maƙwabta biyu da rumbunansu ke manne da juna, lokacin hunturu, iska na kaɗawa, kowa na riƙe da bakin wuta. Wanda ya ce zai ƙona na ɗan'uwansa, ai nasa ma ya ƙona, don haka ba wanda zai yarda da gaske yake. To ta yaya zai sa a ji tsoronsa? Schelling ya ce ta hanyar matsowa kusa da rumbun, yana kaɗa wutar, har ya zama ko shi kansa ba shi da tabbacin tartsatsi ba zai kubce ba. Wato zaman lafiyar da wannan dabara ke samarwa yana buƙatar a bar ƙofar haɗari a buɗe da gangan. Schelling bai ɓoye wannan ba, shi ya sa littafinsa ya cancanci karatu. Shi ɗin ne kuma, tare da Morton Halperin, ya rubuta Strategy and Arms Control a 1961, inda suka ce abokan gaba na iya yarjejeniyar ƙayyade makamai ba tare da sun so juna ba, domin dukansu ba mai son gobara ta kuskure. Mai son ganin tarihin wannan muhawara a wuri ɗaya, sai ya nemi The Evolution of Nuclear Strategy na Lawrence Freedman, wanda ya fara fitowa a 1981.

Daga Reggane zuwa Arlit

Ga ɗan Nijar, littafin da ya fi shafarsa ba na Amurka ba ne. A 1960 wani janar na sojan saman Faransa, Pierre Gallois, ya wallafa Stratégie de l'âge nucléaire. Hujjarsa ita ce ƙaramar ƙasa ba ta buƙatar yin kunnen doki da babba. Ya ishe ta ta iya yi wa babbar ɓarnar da ta fi ribar cinye ta. Wannan tunani ya dace da abin da shugaban Faransa, Janar de Gaulle, yake so: Faransa ta riƙe nata makami, kada ta dogara da alƙawarin Amurka.

Amma makami sai an gwada shi, kuma ba a gonakin Faransa aka gwada ba. Ranar 13 ga Fabrairu 1960, da sassafe, aka tada bam na farko a kusa da Reggane cikin hamadar Aljeriya, suka sa masa suna Gerboise Bleue. Ƙarfinsa ya kai wajen kilotan 70, ninkin na Hiroshima fiye da sau huɗu. Tsakanin 1960 da 1966 Faransa ta yi gwaji 17 a Sahara: 4 a sarari a Reggane, 13 a cikin dutse a In Ekker. Ɗaya daga na cikin dutsen, ranar 1 ga Mayu 1962, ya fasa ya fito, ƙura mai guba ta lulluɓe sojoji da ministocin da suka zo kallo. A 2014 jaridar Le Parisien ta buga wata taswirar sojan Faransa da aka daɗe ana ɓoyewa, wadda ta nuna ƙurar gwajin farko ta bazu har ƙasashen Afirka ta Yamma da ta Tsakiya. Watan Fabrairu ne, lokacin da iskar hunturu ke gangarowa daga hamada zuwa ƙasar Hausa.

Afirka ba ta yi shiru ba. Kwame Nkrumah ya riƙe kadarorin Faransa a Gana. Gwamnatin Abubakar Tafawa Ɓalewa, bayan gwaji na uku, ta kori jakadan Faransa daga Legas a Janairun 1961, ta yanke hulɗa. Nijar kuwa, da ta sami 'yanci ranar 3 ga Agusta 1960, wata hanya aka bi da ita. Ranar 24 ga Afrilu 1961 ta sa hannu kan yarjejeniyar tsaro da Faransa tare da Kodebuwa da Dahome, a ciki har da sharaɗin ba Faransa fifiko kan ma'adinai masu muhimmanci ga tsaro, yuraniyom na cikinsu. Tun 1957 aka ga alamarsa a Azelik. An kafa kamfanin SOMAIR a 1968, ya fara fitarwa daga Arlit a 1971. COMINAK ya biyo baya a Akokan, ya fara aiki a 1978. Shugaba Diori Hamani yana cikin jayayya da Faransa kan farashin ne sojoji suka kifar da shi ranar 15 ga Afrilu 1974.

Duba littattafan razanarwa daga farko har ƙarshe, da wuya ka ga sunan Arlit. Wadda ta cike wannan giɓi ita ce Gabrielle Hecht, masaniyar tarihi, a littafinta Being Nuclear na 2012. Ta bi sawun yuraniyom a Nijar da Gabon da Madagaska da Namibiya da Afirka ta Kudu, ta nuna yadda ake ɗaukar tashar lantarki a Turai a matsayin wurin nukiliya, da dokoki da na'urorin awo da likitoci, amma ramin da aka tono ƙarfen a Afirka sai a ɗauke shi kamar kowane ramin ma'adini. Sakamakon haka, ciwon mahaƙi ba ya shiga lissafi. Ta kuma bayyana abin da ya sa yuraniyom ɗin Afirka ya yi wa Faransa daɗi: na wasu ƙasashe kamar Kanada yana zuwa da sharaɗin kada a yi makami da shi, wannan kuwa babu irin wannan takunkumi.

Abin da ke barin Arlit gari ne rawaya, a cikin durom-durom na ƙarfe, bisa manyan motoci. Ya yi shekara da shekaru yana bin hanyar Agadas da Tawa, ya gangara Doso da Gaya, ya nufi tashar jirgin ruwa ta Kwatano. Abin da ke zama a baya shi ne tsaunukan dusar dutse mai guba. Lokacin da aka rufe COMINAK a ƙarshen Maris 2021, an bar wajen tan miliyan 20 nata. Ƙungiyar Aghir In'Man ta Almoustapha Alhacen, tare da ɗakin binciken CRIIRAD na Faransa, tun 2003 suke nuna ƙarafan da suka gurɓata suna yawo a kasuwar Arlit, mutane na saye suna aikin gida da su. A ƙasar da har yanzu kusan mutum ɗaya cikin biyar ne ke da lantarki. Kura da shan bugu, gardi da karɓe kuɗi.

Ranar da aka yi wa Nijar ƙarya

Gaskiya ne a zamanin Janar Seyni Kountché Nijar ta sayar da kasonta ga duk mai kuɗi. Libiya ta sayi fiye da tan 2,000 tsakanin 1978 da 1981, Iraƙi ma ta saya a farkon shekarun 1980. Wannan tsohon ciniki ne ya ba maƙaryata abin rataye ƙaryarsu bayan shekara ashirin.

Wasu takardu suka ɓulla ta Italiya suna cewa Nijar ta amince ta sayar wa Saddam Hussein tan 500. A Fabrairun 2002 hukumar leƙen asirin Amurka ta aiko tsohon jakada Joseph Wilson zuwa Yamai, inda ya taɓa aiki yana matashi. Ya gana da tsoffin jami'ai, ya duba yadda kamfanonin ke ƙarƙashin idon Faransa, ya koma ya ce da wuya a yi irin wannan ciniki a ɓoye. Duk da haka, ranar 28 ga Janairu 2003 Shugaba George Bush ya tsaya gaban majalisar ƙasarsa ya ce Saddam ya nemi yuraniyom mai yawa daga Afirka. Da takardun suka isa hannun hukumar makamashin nukiliya ta duniya, ba su ɗauki ma'aikatanta lokaci ba. Ɗaya daga cikin wasiƙun tana ɗauke da kwanan watan Oktoba 2000 da sunan Allele Elhadj Habibou a matsayin ministan harkokin waje, alhali mutumin ya bar kujerar tun 1989. Duk wani tsohon ma'aikaci a Yamai da an nuna masa zai gane. Ranar 7 ga Maris 2003 shugaban hukumar, Mohamed ElBaradei, ya shaida wa kwamitin sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya cewa takardun jabu ne. Kafin watan ya ƙare aka afka wa Iraƙi. Wilson ya tona asiri a jarida a Yulin 2003, ya kuma ba da labarin duka a littafinsa The Politics of Truth na 2004. Ina ganin ya kamata kowane ɗalibin siyasa a ƙasar nan ya san wannan labari ciki da waje, don ya ga yadda ake amfani da sunan ƙasar da ba ta da murya.

Shin mu ma mu nema?

Ana yawan jin wannan a majalisun matasa da shafukan Facebook: ƙarfen namu ne, me zai hana mu ƙera namu bam? Tambayar ba sabuwa ba ce. Farfesa Ali Mazrui na Kenya ya ɗaga ta a laccocin da ya yi a BBC a 1979, waɗanda suka zama littafin The African Condition. A ganinsa sai ƙasashe irin su Najeriya sun mallaki makamin manyan ƙasashe za su firgita su yarda kowa ya ajiye. A 1981 Kenneth Waltz ma ya ce yaɗuwar bam na iya ƙara zaman lafiya, tunda mai shi yakan yi hattara.

Ina girmama Mazrui, na kuma fahimci zafin da ya sa shi faɗin haka, amma ban yarda da shi ba. Amsar tana cikin aikin Scott Sagan, wanda ya yi muhawara da Waltz a littafi guda a 1995, da kuma Command and Control na Eric Schlosser na 2013. Schlosser ya ba da labarin wani dare na Satumba 1980 a Damascus, wani ƙauye a jihar Arkansas. Matashin soja yana gyara cikin ramin makami mai linzami, kan sifana ya kubce masa, ya faɗa ƙasa, ya huda tankin mai. Kafin gari ya waye ramin ya yi bindiga, kan bam ɗin ya yi tsalle ya faɗa a gefen hanya. Allah ya kiyaye bai tashi ba. A Satumban 1983 na'urorin Sobiyet sun nuna Amurka ta harbo makamai. Hafsan da ke bakin aiki, Stanislav Petrov, ya ƙi yarda da na'urar, kuma shi ke da gaskiya. Masu lissafin razanarwa suna zaton shugabanni masu natsuwa da na'urori marasa kuskure. Tarihin ya nuna gajiya, da ruɗewa, da sa'a. In ƙasashe masu kuɗi da injiniyoyi sun sha da ƙyar haka, ba abin sha'awa ba ne a ƙara yawan hannayen da ke riƙe da wutar.

Afirka ta Kudu ta ƙera bam shida, ta wargaza su da kanta, ta shiga yarjejeniyar hana yaɗuwar makaman nukiliya a 1991. Libiya ta ajiye shirinta a Disamban 2003, a 2011 aka rusa ta, kuma duk mai neman bam a duniya ya ɗauki darasi daga nan. Wannan laifin manyan ƙasashe ne, su ne suka rage wa alƙawari daraja.

Damina

Abin da ya fi kusa da rumbun Sae Sabuwa shi ne binciken masana yanayi. A 1983 Carl Sagan da Richard Turco da abokansu suka nuna cewa in birane da yawa suka ƙone, hayaƙin zai hau can sama inda ruwa ba ya wanke shi, ya tare rana na tsawon shekaru. An faɗaɗa bayanin a littafin The Cold and the Dark na 1984. Damina a Sahel tana zuwa ne saboda ƙasa ta yi zafi ta jawo iska mai laima daga teku. In ƙasa ta huce, iskar ba ta hawowa yadda ta saba. A 2022 Lili Xia da Alan Robock da wasu suka wallafa lissafi a mujallar Nature Food: yaƙi tsakanin Indiya da Pakistan na iya jawo yunwar da za ta kashe mutum fiye da biliyan 2, na Amurka da Rasha kuma fiye da biliyan 5. Masana na jayayya kan yawan hayaƙin da zai tashi, amma ba wanda ke cewa kasuwar abinci ta duniya za ta tsaya da ƙafarta.

Mutanen jahar Maradi ba sa buƙatar a yi musu bayanin wannan. Dattawa na tuna yunwar 1984. Matasa na tuna 2005, lokacin da fari da fara suka haɗu da tsadar hatsi, uwaye daga ƙauyukan Gidan Rumji da Agye suka yi ta layi da yara a cibiyoyin tamowa, hatsi na kasuwa amma ba kuɗin saye. Damina guda ce ta gaza. Lissafin masanan na maganar shekaru a jere, kuma a lokacin da masu kawo agaji su ma suke neman abin kai wa baka.

Abin da aka ƙulla, da abin da ke kwancewa

Yarjejeniyoyi sun yi aiki, wannan ba a musu. A tsakiyar shekarun 1980 kawunan nukiliya a duniya sun kai wajen 70,000. Yau suna wajen 12,000 a hannun ƙasashe tara. Amma igiyoyin na tsinkewa. Amurka ta fita daga yarjejeniyar 1972 ta kariyar makamai masu linzami a 2002, ta 1987 kan masu matsakaicin zango ta mutu a 2019, Rasha ta dakatar da aiki da yarjejeniyar New START a Fabrairun 2023.

Afirka na da nata hannun jari. An sa hannu kan yarjejeniyar Pelindaba a Alƙahira ranar 11 ga Afrilu 1996, ta fara aiki a 2009, ta haramta ƙerawa da gwadawa da girke bam a nahiyar. Nijar ta shiga yarjejeniyar hana yaɗuwa a 1992, ta kuma sa hannu kan ta haramta makaman gaba ɗaya a Disamban 2020. A Torodi akwai tashar da ke sauraren girgizar ƙasa, ɗaya daga cikin kunnuwan duniya masu gano gwajin ɓoye, kuma ɗan Burkina Faso, Lassina Zerbo, ya shugabanci hukumar da ke kula da su daga 2013 zuwa 2021.

Wani zai ce makamin da ke kashe mutane a Gidan Rumji ba bam ba ne, bindiga ce a kan babur. Gaskiya ne. Tun 2019 dubban 'yan gudun hijira daga Zamfara da Sakkwato da Katsina suka tsallako, aka zaunar da wasu a Cadakori da Garin Kaka. Amma darasin ƙayyade makamai ɗaya ne: a ƙirga, a bar wani ya duba, wanda ya ajiye ya tabbata ba za a ci amanarsa ba. Nijar ta taɓa gwadawa, ranar 25 ga Satumba 2000, da aka tara bindigogin tawaye aka cinna musu wuta a Agadas.

Yau alhakin ya dawo gida. A Yunin 2024 hukumomi sun karɓe lasisin haƙar yuraniyom na Imouraren daga kamfanin Orano na Faransa, a Yunin 2025 suka mai da SOMAIR mallakar ƙasa. Wanda ya riƙe ƙarfen shi zai amsa tambayoyin: wa za a sayar wa, bisa wane sharaɗi, wa zai duba inda ya tafi, wa zai kula da lafiyar mahaƙa da ruwan shan Arlit. Talakan da ake yanke hukunci da sunansa yana da haƙƙin fahimtar waɗannan, kuma littattafan duk da Turanci da Faransanci suke.

Tasawa, gaba kaɗan da Gazawa, ita ta haifi Abdou Moumouni Dioffo a 1929, masanin kimiyyar da jami'ar Yamai ke ɗauke da sunansa, wanda ya dage a koyar da yaran Afirka da harsunansu. Ina kira ga malaman jami'ar Dan Dicko Dankoulodo ta Maradi su zauna su fitar da taƙaitaccen bayanin Schelling da Gallois da Hecht da Wilson da Hausa, gidajen rediyon jahar kuma su ware masa fili bayan sallar isha'i, lokacin da manomi ya dawo gida ya kunna akwatinsa.